Takardar Saja Adjetey da Ba Ta Isa Hannun Gwamna Ba

Duk ranar 28 ga Fabrairu, mutanen Gana kan taru a wata mararraba ta unguwar Osu a Akra su ajiye furanni, don tunawa da Saja Adjetey da wasu tsofaffin sojoji biyu da aka harbe a wurin a 1948. Ni dai ina ganin mu ma Hausawa muna da kaso a wannan juyayi, domin Saja Cornelius Adjetey abokin aikin kakanninmu ne. Runduna ɗaya ce ta haɗa su, wato sojan Ingila na Afirka ta Yamma, inda Hausa ce harshen bariki. Ita ta kwashi samarin Kano da Zazzau da Kumasi ta kai su dazuzzukan ƙasar Bama (Myanmar a yau) su gwabza da Japan a Yaƙin Duniya na Biyu. Wanda ya tashi a gidan da akwai tsohon ɗan Bama ya san irin shirun da suke yi idan aka taɓo zancen.

An gama yaƙi a 1945, aka dawo da su gida da alƙawarin aiki da fansho. Shiru kake ji. Ɗan abin sallamar da aka ba su bai taka kara ya karya ba, ga tsadar kaya ta addabi gari, har wani basarake, Nii Kwabena Bonne, ya ja jama'a suka ƙaurace wa kantunan Turawa. Mutum ya bar ƙuruciyarsa a cikin ruwan sama da sauron wata ƙasa, ya dawo abin cefane ya gagare shi.

Ranar Asabar, 28 ga Fabrairu 1948, tsofaffin sojan suka jeru, Adjetey yana sahun gaba. Babu makami a hannunsu, takardar koke ce kawai za su kai wa Gwamna Gerald Creasy a fadarsa ta Christiansborg. Gaskiya ne sun kauce daga hanyar da hukuma ta yarje musu. To amma wannan laifin kisa ne? Baturen 'yan sanda, Colin Imray, ya tare su, ya ɗauki bindiga da hannunsa ya harba. Nan Adjetey ya faɗi, da Kofur Attipoe, da Odartey Lamptey. Allah Sarki, an gama da Japan lafiya, sai ga harsashin wanda suka yi wa bauta.

Akra ta kama da wuta, tarzoma ta bazu zuwa wasu garuruwa, mutum 29 suka rasu. Aka tsare 'yan siyasa Kwame Nkrumah da J. B. Danquah da wasu huɗu, aka kafa kwamitin Watson don binciken tarzomar, kuma daga nan Bature bai sake samun barci ba har Gana ta karɓi 'yanci ranar 6 ga Maris 1957.

Abin da ke ci mini rai shi ne, idan ana ba da labarin, sai a wuce Adjetey da sauri a koma kan 'yan siyasa. Alhali shi ba kujera ya fito nema ba, haƙƙin guminsa da na 'yan'uwansa ya biyo. Kuma wannan koken bai mutu ba. A Najeriya muna bikin tunawa da mazan jiya kowace 15 ga Janairu, a yi fareti a saki tattabaru, sannan ka ga dattawa masu furfura, waɗanda suka yi aikin soja a Laberiya da Saliyo, sun shimfiɗa tabarma a bakin ofis a Abuja, riƙe da kwalaye, suna jiran a biya su kuɗin sallama.