Daren da na maido da ƙarfe 12 ta koma 10

A fadarmu ta hira da shan shayi a unguwar Zango, nan Zinder, gindin wani bedi da ya girme mu duka, muna da jami'a. Gininta inuwa, kujerunta benci biyu da tabarma, amma suna kam Allah ya ba ta: Babbar Makarantar Sihirin Lokaci ta Damagaram. Kafin wani ya kai ƙarata wurin liman, ba bori ba tsafi a ciki. Wata rana ce muna jiran shayi na uku, wanda mai dafawa ya ce "saura minti biyu" tun kafin la'asar, sai wani ya ce ai garin nan cike yake da gwanayen tanƙwara lokaci kamar ɗanyen icce, me zai hana a tara su a naɗa musu rawani?

Nan take aka raba sassa. Telan layinmu ya samu sashen miƙa gobe, don "gobe" ɗaya tak a bakinsa ta riƙe shaddata daga tsakiyar azumi har bayan layya. Wani ɗan kamasho a tasha aka ba sashen tsayar da lokaci: "saura mutum ɗaya a tashi" da hantsi, "saura mutum ɗaya" da azahar, mutum ɗayan nan har yau uwarsa ba ta haife shi ba. Sashen da na fi girmamawa shi ne na dawo da jiya, kuma tsofaffin unguwar Birni ke riƙe da shi. Zauna da su ka ji yadda suke ɓacin rai a kan ɗauke babban birnin ƙasa daga Zinder zuwa Yamai, sai ka rantse ranar Alhamis ɗin da ta wuce aka yi abin, ana tsakiyar cin kasuwar Dole, alhali tun 1926 Turawan Faransa suka yi. In hira ta gangaro kan Sarki Tanimun na Damagaram da ganuwarsa da igwoyinsa kuwa, kamar yanzu ya tashi daga wurin ya bar tabarmarsa da ɗumi.

Ni fa? Ɗalibi aka ce. Wai lattina na gado ne, babu fasaha a ciki. Na yi dariya tare da kowa, amma abin ya tsaya mini a wuya.

Sai ga dama ta zo. Surukina zai tafi Yamai, ni aka ɗora wa kai shi tasha a babur. Ƙarfe 4 na asuba zan ɗauke shi a Birni, mota ta tashi ƙarfe 5. Manyan motocin nan na Yamai su kaɗai ne a garin suka ƙi shiga makarantarmu. Tafiyar kusan kilomita 900 ce a gabansu, ba su jiran ɗan kowa. Na saita ƙararrawar salula tun da rana, na yi wa uwargida alkawarin shigowa ƙarfe 10 in kwanta da wuri.

Karta ta yi daɗi a fada. Da na ɗaga kai, 12 ta gota da kwata.

A ƙofar gida ilimi ya sauko mini. Na ciro salula, na kashe abin nan da ke saita lokaci da kansa, na ja agogo baya awa biyu cur. Na tura babur a hannu don kada ya tona ni, na lallaɓa ɗaki, na taka kujera na murza agogon bango shi ma. Lokacin zafi ne, kowa na kwance a tsakar gida cikin gidan sauro. Na lura randuna sun cika fal, ƙasa a jiƙe, kuma duk wanda ya zauna unguwarmu ya san famfo ba ya tunawa da mu sai dare ya raba. Da ina da hankali da nan na tuba.

"Malam, ƙarfe nawa?" in ji uwargida, ko juyowa ba ta yi ba.

Na miƙa mata hasken salula har gaban ido. "Goma da kwata. Kwatan ma babur ne ya yi gardama."

"Madalla," ta ce. Ta ja zane.

Na kwanta ina jin kaina kamar wanda ya kayar da ƙato a filin kokowa. Shirina in bari ta yi barci in mayar da agogo daidai. Sai dai shirin bai tanadi wanda zai riga wani barci ba.

Can cikin dare na ji ana taɓa ƙafata. "Malam, tashi, lokacin Baba ya yi." Na laluɓo salula da ido ɗaya. Ƙarfe 2. Wallahi har da faɗa na yi: mutum ba zai huta a gidansa ba, ga agogo nan yana magana ɓaro-ɓaro? Ta ce, "To, ku ne masu karatun lokaci." Daga baya na ji kamar ladan yana kira, na ce a raina bawan Allahn nan yau ya yi saurin tashi, ya kamata a saya masa agogo.

Ƙararrawa ta buga ƙarfe 4 daidai, a lissafina. Na buɗe ido na ga gari ya yi fari tas, kaji na kiwo, wata yarinya na tallan koko a waje. Na yi kusan minti guda ina mamakin irin wannan asuba mai rana, kafin abin ya faɗo mini kamar tubali.

Salla a gurguje, hula a karkace, na bi lungunan Birni ina tsallake awaki. Na iske Inna tana shara a ƙofar gida. Na durƙusa har ƙasa.

"Ina kwana, Inna. Baba ya... ya shirya?"

Ta dube ni, ta dubi rana, ta sake dubana. "Lafiya lau, ɗana. Yanzu kam sun wuce Takeita. Ƙanen matarka ya kai shi. Ita ta kira shi tun ƙarfe 4."

Da salularta. Wadda ta kwana ƙarƙashin matashinta tana faɗin gaskiya, ni kuwa ko tunawa da ita ban yi ba.

Kafin azahar labari ya riga ni fada. Ƴan makaranta suka miƙe tsaye da na iso, tela ya cire hula ya ce shi jama'a yake sihircewa, amma wanda ya sihirce kansa da kansa, ya kuma yi wa matarsa faɗa a kai, wannan ya wuce ɗalibi. Aka ba ni shugabancin makaranta da kofin shayi na farko, mai ɗacin nan.

Da dare salula ta yi ƙara. Baba ne. Na miƙe tsaye na amsa, kamar yana ganina.

"Mun sauka lafiya, alhamdulillahi," ya ce a natse. "Nan Yamai ƙarfe 8 ne. Ku can gidanka ƙarfe nawa?"