A Rubuta Labarin Dodo Yadda Aka Ji Shi

Mai tattara labaran gargajiya zai zauna gaban dattijo da na'urar ɗaukar murya, dattijon ya soma ba shi labarin wata halitta da ke fitowa daga kogi da almuru, sai kawai ya katse shi: "Baba, kai ka gan ta da idonka?" A ganina wannan tambayar ce ke ɓata aikin. Da tsoho ya ji alamar tuhuma, ko ya ja bakinsa ya yi gum, ko ya ƙara gishiri don ya burge baƙo.

Farautar dodo daban, adana labarinsa daban. Tun 1933 mafarautan ke zarya a tafkin Loch Ness na Sikotilan. Shahararren hoton nan na 1934, wanda aka ce na dodon tafkin ne mai dogon wuya, a 1994 asirinsa ya tonu: jirgin wasan yara ne aka ɗora wa kai. A 2018 masana suka ɗebi ruwan tafkin suka bincika ƙwayoyin halittar da ke ciki, ba su ga alamar wata ƙatuwar dabba mai jan ciki ba, sai ta kifin nan mai siffar maciji.

To, dubi abin da ƙasar Ailan ta yi. Daga 1937 zuwa 1939, ɗalibai fiye da 50,000 daga makarantun firamare 5,000 suka koma gida da littafin rubutu, suka zauna da kakanni da maƙwabta. Ba a ce su tantance gaskiya da ƙarya ba. Yaro zai rubuta labarin, ya sa sunan wanda ya faɗa, da unguwarsa, sau da yawa har da shekarunsa. An tara shafi kusan 740,000, yau da yawansu na intanet, jika na karanta maganar kakan kakansa da rubutun hannun ɗan makaranta.

Waɗannan ƙananan bayanai su ne naman. A Japan ana cewa wani dodon ruwa mai suna kappa yana jan yara cikin ruwa, har yanzu kuma akan ga hotonsa a allunan gargaɗi a bakin kududdufai. Wanda ya rubuta labarin ya bar sunan gurbin, ya zubar da rabin saƙon, domin mutanen gari suna nuna inda ruwa ke cin mutane ne.

Kuma a daina saurin yi wa ƙauyawa dariya. Mazauna dajin Ituri na Kwango sun daɗe da sanin wata dabba mai suna okapi, Turawa na jin labarinta kamar almara, sai a 1901 fata da ƙoƙon kai suka isa Landan, aka gane 'yar uwar raƙumin dawa ce.

Abin da ya fi ci mini tuwo a ƙwarya shi ne masu gyara. Tsofaffi uku za su ba da labari iri uku, wannan ya ce halittar ƙaho ɗaya gare ta, wancan ya ce biyu, na ukun ya rantse ba ta da ƙaho sam. Sai marubuci ya narka su wuri guda don labari ya yi daɗin karatu. Ni dai a rubuta min ukun, kowane da sunan mai shi da ranar da ya faɗa.