Ɗan daudu ma ɗan ƙasa ne

Tun da Mali da Burkina Faso suka sa dokokin hukunta luwaɗi, wasu samarin Maradi suka ɗauka an buɗe musu farauta. Bidiyo na yawo a WhatsApp: an tare ɗan daudu, an kwance masa zane, an aske shi, ana duka ana shewa. A ƙasa kuma jama'a na rubuta "Allah ya ƙara".

Hujjarsu wai Turawa ne suka kawo mana daudanci. Ƙarya ce. Tun kafin a san intanet ƴan daudu ke sayar da tuwo da soyayyar kaza a tasha, ana kiransu girkin biki, suna cikin ƴan bori. Iyayenmu ba su yabi halin ba, amma sun ci tuwon, sun biya, sun bar mutum da Ubangijinsa. Da Zamfara ta fara shari'a a 2000, da yawansu nan suka tsallako neman mafaka.

Mun kuma ga inda wannan zafin kai ke kaiwa. A Nuwamba 2000, zanga-zangar ƙin FIMA, bikin nuna tufafin yayi na Afirka da ake yi can Yamai, ta rikiɗe a Maradi, aka faɗa wa mata masu zaman kansu, aka ƙona coci. Wa ya shiryu saboda wannan wutar? Marasa gata kawai aka daka.

Ƙungiyoyin waje masu maganar canza jinsi a katin ɗan ƙasa ba su san garin nan ba. Wanda aka fasa wa kai, buƙatarsa ya shiga kwamisariya a rubuta ƙararsa ba tare da an mayar da shi mai laifi ba, ya je asibiti a ɗinke shi ba da habaici ba.

Malam, kana iya ƙin daudanci har zuciyarka, ka yi wa'azi a kansa. Amma a wane littafin fiƙihu aka yanke hukunci babu alƙali, babu shaidu? Addinin da ya hana bin diddigin asirin mutane, shi za a fake da shi a tsiraita bawan Allah a titi? Wannan zalunci ne, kuma mai ɗaukar bidiyon da mai turawa duk suna ciki.

Ƴan sanda su kama masu dukan, fuskokinsu na nan a bidiyon da suka ɗauka da hannunsu. Limamai kuma su faɗa a huɗuba cewa jinin ɗan daudu haramun ne kamar na kowa.