Sun zo yi wa bangonmu zane, sun ce mu riƙe musu tsani

Ranar Juma'ar da ta wuce mai unguwa ya sa aka yi shela bayan sallah cewa wata ƙungiya za ta zo ta ƙawata katangar makarantar firamaren unguwarmu da zane-zane, kuma wai aikin na al'umma ne, saboda haka ana son dattawa da matasa da masu sana'a su hallara a ji ra'ayinsu. Jin an ambaci masu sana'a ya sa baffana, wanda ya gaji gini a wurin mahaifinsa, wanda kuma hannunsa ne ya fitar da zayyanar da ke fuskar zauruka da dama a unguwar nan tun kafin siminti ya kori ƙasa, ya sa babbar rigarsa ya ce in raka shi. An ce ƙarfe tara, amma sai bayan azahar motarsu ta iso, kuma abin da suka fara saukewa shi ne zanen da za a yi, an riga an buga shi a ƙaton ƙyalle, da launinsa da tambarin masu ba da tallafi a ƙasa. Ra'ayin me kuma ya rage a ji?

Duk da haka Baffa ya tashi ya nufi katangar, ya shafa gindinta da tafin hannu, ya ƙwanƙwasa filastar da ɗan yatsa, kowa ya ji ta yi ƙarar fanko. Sannan ya juyo wajen jami'in da ke jagorantar aikin, wani saurayi mai kati rataye a wuya, ya ce masa cikin ladabi, “Ɗana, kafin ku sa fenti ku duba nan. Kwata ce ke bi ta bayan katangar, ruwa ya shige ta, gishiri ya taso. Idan ba a kankare filastar nan an sake ta ba, aka kuma gyara hanyar ruwa, damina ɗaya za ta ɓare muku aikin.”

Jami'in bai ɗaga ido daga wayarsa ba. Ya ce, “Baba, ka sa hannu a takardar halarta?”

Baffa ya ce, “Ban sa ba tukuna, maganar katanga nake yi maka.”

Ya ce, “To, je ka sa, in ba ka iya rubutu ba ga tawada can ka dangwala, da ita za a ba ka kuɗin mota. Maganar zane kuwa ka bar wa masu ita, an riga an amince da shi daga sama.”

Na daure na ce, “Malam, dattijon nan da kake gani, tun ba a haife ka ba yake yi wa bango ado.” Sai a lokacin ya dube ni, ya yi wani murmushi na wanda aka ɓata wa lokaci, ya ce, “Alhaji, ai ba ginin laka muka zo yi ba, fasahar zamani ce. In yana son ya ba da gudummawa, ga tsani can ya riƙe wa yaranmu.” Ya juya harshe zuwa Turanci ya faɗa wa abokiyar aikinsa wata magana, suka yi dariya. Kafin mu bar wurin kuma, mutumin nan bai ji kunya ba ya aiko mai ɗaukar hoto ya miƙa wa Baffa busasshen buroshi wanda ko ɗigon fenti babu a jikinsa, yana cewa, “Baba, ɗan kara shi a bango ka yi murmushi.” Madalla da wannan haɗin gwiwa! Ashe farin gemun ne ake bukata domin rahoto, abin da ke cikin kan mai gemun kuwa ya riƙe kayansa.

Duk wanda ke zaune a unguwa irin tamu ya san yadda ƙarshen abin zai kasance, domin katangar nan ta sha irin wannan alheri. An taɓa zana mata yara suna wanke hannu da sabulu, a makarantar da famfonta ya daɗe da ƙafewa. An zo an shafe wannan an zana farar kurciya da kalmomin zaman lafiya da Turanci, a layin da mafi yawan masu wucewa Hausa da ajami suke karantawa. Fentin ya kumbura ya zube, lokacin zaɓe ya zo 'yan siyasa suka lulluɓe sauran da fosta, daga ƙarshe wani maƙwabci da ya gaji ya ɗauki gawayi ya rubuta “An hana fitsari a nan”, kuma wallahi rubutunsa ne ya fi kowane zane daɗewa, saboda shi kaɗai ne ya fito daga bukatar mutanen wurin. Idan aikin ya lalace sai ka ji ana cewa talakawa ba su san darajar fasaha ba. Wa aka bar wa ragowar fenti? Wane yaro aka koya wa yadda zai gyara inda ya ɓare? Kuɗin aikin yana ƙarewa ne ranar yanka kirtani, kuma mutum ba ya kula da abin da aka nuna masa tun farko cewa ba nasa ba ne.

Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne a zo ƙasar Hausa ana koya mana cewa bango yana ɗaukar ado. Babban Gwani Malam Mika'ilu ya gina masallacin Juma'a na Zariya a zamanin Sarkin Zazzau Abdulkarim, wanda ya yi mulki daga 1834 zuwa 1846, kuma har yau masu karatun tsara gine-gine suna zuwa kallon bakan gizonsa, wato lanƙwasassun ginshiƙan da ke riƙe da rufinsa. Wanda ya ratsa unguwar Birni a Damagaram, ko ya shiga Gidan Makama a Kano, ya ga abin da magina suka iya da ƙasa da azara da makuba. Wannan ado ya rayu ne saboda mai gida shi ke kiran magini, su yi shawara a kan dagi ko wani zane da yake so, bayan damina kuma a tara gayya a sake yaɓe. Ga Jami'ar Ahmadu Bello tana yaye masu zane shekara da shekaru, da yawansu 'ya'yan unguwanni ne irin tamu, suna can suna rubuta allon shago da jikin motar haya, amma idan kwangila ta zo sai a ɗauko zane daga ofishin da bai taɓa jin warin kwatarmu ba.

Ƙungiyoyin nan kuwa a wurin gwamnati suka koyi halin. A 2017, da jihar Kano ta cika shekara 50, an gina wani dogon gini na tunawa a shataletalen gidan gwamnati da kuɗin jama'a. A watan Yunin 2023, 'yan makonni bayan sabuwar gwamnati ta hau, aka wayi gari an rushe shi, aka ce yana tare wa masu mota gani kuma ginin ba shi da inganci. Ko wane ɓangare mutum yake goyon baya, mu talakawa labarin ginin da labarin rushewar duk a rediyo muka ji su. Ganuwar Kano, wadda aka fara tun zamanin Sarki Gijimasu, tana cikin jerin wuraren da ke jiran hukumar raya ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, UNESCO, ta amince da su a matsayin kayan tarihin duniya tun 2007, amma shekara uku bayan haka aka rushe Ƙofar Na'isa domin faɗaɗa titi aka maye gurbinta da ta siminti, badala kuma ana ta yankarta ana shaguna da filaye, wani wurin ta zama juji. Hukumomin raya al'adu suna nan a kowace jiha da shugabanni da motoci da kasafin kuɗi, suna shirya taron bita a otal a kan kare kayan gado, alhali maginan da suka san yadda ake cuɗa ƙasar da za ta tsayar da badalar suna zaune a zaure ba wanda ya aika musu ko da takardar gayyata.