Fim ɗin zango: a bar mutane su yi magana a kan hotonsu

A Kano, hanyar fim sananniya ce: a rubuta labari, jarumi ya haddace, in an zo tacewa a zuba kiɗa ya toshe duk wani gurbi. Ga fim ɗin soyayya hakan ya yi. Abin da ke damuna shi ne yadda samarin Nima da Mamobi, nan Accra, suke ɗauko wannan salo su ɗora wa dokumentari. Sai ka ga an zaunar da tsoho gaban kyamara, ya ƙame kamar mai amsa tambayar alƙali, kiɗa kuma ya cinye hayaniyar unguwa.

Alhali hanyar da ta fi dacewa da mu a ƙasar nan aka gwada ta. A 1954 Jean Rouch, Bafaranshe, ya bi samari uku 'yan Nijar da suka zo ci-rani Accra da Kumasi. Kyamararsa ta milimita 16 ce, da hannu ake wana ta, ba ta rabin minti sai ta tsaya, kuma ba ta ɗaukar murya. Daga baya ya haska musu hoton, biyu daga cikin samarin, Damouré Zika da abokinsa Lam, suna kallo suna sharhi, suna zolayar juna, aka naɗi muryarsu aka ɗora. Fim ɗin Jaguar ke nan, ya fito a 1967. Mutum in yana kallon kansa, bakinsa ya fi sakewa.

Yau da waya biyu za a yi wannan. A fara ɗaukar hoto ba tambaya: mai waakye tana zuba abinci, mahauci a bakin aiki. A sa wayar a firem 25, wato hoto 25 cikin daƙiƙa, domin wutar Ghana, kamar ta Najeriya, mai 50Hz ce, wato tana kai-komo sau 50 cikin daƙiƙa. In aka bar ta a 30, hasken ƙwan lantarki zai riƙa rawa a hoton, kuma gyaransa wajen tacewa wahala ne.

Bayan an tace, a kai wa mutanen su gani, suna sharhi ana naɗa, a ɗaki mai labule da katifa, ba shagon da aka shimfiɗa wa tayil ba, saboda amsa-kuwwa. A kashe fanka. Makirufo ya zauna kamar taƙi ɗaya daga baki, ma'aunin sauti kada ya haura -12dB, don dariya kan zo ba shiri, in ta fashe ba ta gyaruwa. A naɗi hayaniyar unguwar daban, minti biyu ko uku: kiran salla, ihun yaran trotro (motar haya), injin niƙa.

Kuma don Allah kada a gyara musu Hausa ta koma ta Kano. In tsohuwa ta sirka da yaren Twi, a rubuta fassara a ƙasan hoton. Kafin a shiga da kyamara, a gaida sarkin zango da liman, sannan a nemi yardar duk wanda fuskarsa za ta fito.