Wa ya gaya miki?

Makon jiya wata ɗaliba da aka turo mana koyon aikin jin daɗin jama'a a nan Gusau ta kawo mini rahotonta na farko. Shafi biyu, rubutu tsaf, Turanci ba inda za a sa jan biro. A ƙasa ta yanke hukunci cewa uwar wani yaro mai tamowa ba ta damu da ɗanta ba, tunda tana sayar da madarar tamowa da ake ba ta a asibiti. Na karanta na ajiye, na ce, "Ƙanwata, wa ya gaya miki?" Ta ce, "Anti, maƙwabciyarta ce, kuma ai kowa ya sani." Na ce to ita uwar me ta ce? Shiru. Ashe ba ta ma tambaye ta ba. Ta gaishe ta, ta auna dantsen yaron, ta ga ma'aunin ya tsaya a ja, wato ƙasa da santimita 11.5, ta fito ta hau rubutu.

Washegari muka koma tare. Matar 'yar gudun hijira ce daga wani ƙauye ta wajen Tsafe, tana zaune a kango da yara biyar. Sai da muka daɗe muna hirar duniya kafin na kawo zancen madarar. Ba ta musa ba. Ta dube ni ta ce, "Hajiya, in shi ɗaya ya sha, sauran ɗiyan mi za su ci?" Takan sayar da kaɗan daga ciki ta auno gero ta dama wa duka gidan kunu.

Kun ga maƙwabciya ba ta yi ƙarya ba, ana sayar da madara. Ƙaryar tana cikin fassarar da aka yi wa abin. Kuma fassara ita ke zaɓar magani. In aka ce sakaci ne, sai a yi mata wa'azi a tsoratar da ita a tafi, yaro ya ci gaba da ramewa. In aka gane yunwar gida ce, sai a nemo wa gidan hatsi domin madarar ta tsaya a bakin mai ita. Abin da ya sa nake cewa babban kayan aikin ma'aikacin jin daɗin jama'a ba fom ba ne, ba katin shaida ba ne, iya bin diddigi ne.

Ban ga laifin yarinyar ba, haka aka koyar da mu. A ba ka takardun malami ka haddace, ranar jarrabawa ka zuba masa kayansa, ka fito kanka wayam. Yawancin misalan ma daga Ingila da Amurka suke, inda ma'aikaci yake da mota da gidan ajiye yara da kotun da za ta saurare shi cikin kwanaki. Ɗalibin da ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, wannan zai yi aiki a Zurmi kuwa?" sai a ce ya cika iyayi. Ga kuma tarbiyyarmu, wadda nake alfahari da ita, amma ta saba mana da cewa yaro ba ya tuhumar maganar babba. Mai unguwa ya miƙo jerin sunayen mabuƙata, wa ya isa ya ce bari in je in gani da idona?

Wasu na ɗauka wannan tunani baƙo ne, boko ya kawo shi. Ni ban yarda ba. Aya ta 6 a Suratul Hujurat umarni ce da a bincika labari kafin a yi aiki da shi, don kada a cuci mutane cikin jahilci a dawo ana nadama. Malaman hadisi kuwa sun ƙare rayuwarsu a kan tambaya ɗaya: wa ya faɗa, daga wa ya ji, kuma yaya amanarsa take? Gadonmu ne, mu ne dai muka bar shi a zaure muka shiga ofis.

Duk ɗan Zamfara da ke wannan aiki ya kamata ya riƙe labarin gubar dalma ta 2010 a ransa. Yara ƙanana suna ta suma da jijjiga suna mutuwa a ƙauyukan Anka da Bukkuyum, irin su Dareta da Abare da 'Yargalma. Amsoshi na kusa suna nan birjik: zazzaɓin cizon sauro ne, sanƙarau ne, iska ce. Kowacce ta yi kama da gaskiya, domin duk mun saba ganinsu. Aka ba da maganin zazzaɓi, yara ba su tashi ba. Ma'aikatan ƙungiyar likitoci ta MSF ne suka ƙi tsayawa a amsar farko, suka shiga tambayar me ya canja a garuruwan nan. Abin da ya canja shi ne zinariya ta yi kuɗi, maza suna kawo duwatsu gida ana daka ana niƙa a tsakar gida, ƙurar mai dalma ta lulluɓe ƙasar da yara ke rarrafe a kai suna kai hannu baki. Agwagin garuruwan ma sun riga mutuwa, ba wanda ya haɗa wannan da wancan. Yara kusan 400 suka rasu.

Akwai darasi na biyu a ciki da ba a cika faɗa ba. Gano cutar bai wadatar ba. In ka yi wa yaro magani ka mayar da shi tsakar gidan nan, gubar za ta sake shiga jininsa. Dole sai da aka kankare ƙasar gidaje aka zubo sabuwa, ƙauyen Bagega ma ba a yi masa aikin ba sai 2013. Kuma mutumin da abincin gidansa yake cikin dutsen nan ba zai bari don ka ce masa ya bari ba. Wanda bai tambayi da me za su ci ba, bai fara aikin ba.

Ni ma na taɓa faɗawa, shi ya sa nake zafi. A farkon aikina an kawo ƙarar wata mata da ta yi yaji har sau uku. Na tara su, ga miji, ga baffansa, ga uwar miji. Na ce, "Baiwar Allah, me ke damunki?" Ta sunkuyar da kai ta ce, "Ba komai." Na rubuta an sasanta, har ina jin daɗi na gyara aure. Bayan wata biyu aka dawo da ita da karyayyen hannu. Wace 'yar Hausa ce za ta buɗe baki gaban surukarta ta ce ana dukanta? Na san haka sarai, a gidan Hausa na tashi, amma amsar ta yi mini daɗi, sai na karɓa. Tun ranar, in na ji "ba komai" sai in gyara zama.

Sai dai a kula, bin diddigi daban, zargi daban. Na ga abokan aiki da suka koma kamar 'yan sanda, duk talakan da ya zo maƙaryaci ne har sai ya rantse. Abin mamaki, tambayarsu ƙasa kawai take gangarawa. Ba sa tambayar fom ɗin da aka tsara a Abuja, mai akwatin "gida" ɗaya, alhali a gidan akwai mata uku kowace da tukunyarta. Ba sa tambayar ƙungiyar da ta fi son adadi mai yawa a rahoto a kan iyali goma da aka tsayar da ƙafafunsu. Uwa uba ba sa tambayar kansu. Mu faɗa wa juna gaskiya, a halin da jiharmu ke ciki, in mace ta shigo ofis da yaro aka ji harshenta na ruga ne, mu nawa ne zuciyarmu ba ta riga ta yanke hukunci ba tun kafin ta zauna?

Ga malaman manyan makarantu roƙona kaɗan ne. Ku rage "lissafo biyar" a jarrabawa. Ku kawo labarin gida na gaske, a ɓoye sunaye, a bar ɗalibai su yi gardama a kai, a ba wanda ya gano abin da ba a tambaya ba maki mafi yawa. Ni dai a teburina na sa doka: duk rahoto sai an raba abin da ido ya gani da abin da aka ji, a faɗi bakin da aka ji shi, sannan zato ya zauna shi kaɗai da sunansa na zato.

Jiya ɗalibar nan ta kawo sabon rahoton, ya yi kyau. Na ɗauki biro na ƙara mata a gefe cewa matar mijinta ya rasu. Ta ɗan yi jim, sannan a hankali ta ce, "Anti, ki yi haƙuri, wa ya gaya miki ya rasu?" Na buɗe baki na rufe. A jerin mai unguwa na gani, matar ba ta taɓa faɗa mana haka ba. Gobe da safe za mu koma kangon.