Withnail and I ya wuce barkwancin mashaya

Wani marubuci ya ce fim ɗin Withnail and I barkwancin mashaya ne kawai, anya ya kalle shi har ƙarshe kuwa? Darakta Bruce Robinson ya fitar da shi a 1987, labarin 'yan wasan kwaikwayo biyu marasa aikin yi a Landan ta 1969, kwanuka sun taru a madafa har suna tsoron taɓawa. Za ka sha dariya kam, amma ciwon yana wurin rabuwa: ɗaya ya samu aiki, ya yi aski, ya kama gabansa, aka bar ɗayan da kwalba. Kuma shi wanda aka bari da kwalbar, wato Withnail, abokin Robinson na gaske aka kwaikwaya, Vivian MacKerrell, wanda ya rasu a 1995. Ku masu cewa babu darasi a ciki, sai an tsaya an yi muku wa'azi tukuna?